Kambin Ba-Gajiya

A ƙarƙashin Dutsen Gurfane akwai wani birni na aljanu da ake kira Lulluɓe. Ba su da sama irin tamu mai gajimare da tsuntsaye. Samansu falalen dutse ne guda ɗaya, faɗinsa tafiyar kwana bakwai, kuma ko ginshiƙi ɗaya babu a ƙarƙashinsa. Abin da ya hana shi rufto musu wani kambi ne na tagulla mai ƙahoni bakwai, sunansa Matokara. A ido ƙahonin ba su wuce kamu ɗaya ba, amma duk nauyin dutsen nan a kansu yake sauka, daga nan ya bi wuyan wanda ya sa kambin.

Aljanu ba sa iya sa shi, don wuyansu hayaƙi ne. Dole sai ɗan Adam da aka halitta da ƙasa. Wanda suka ɗora wa sai su kira shi sarki, su yi ta masa kiɗa da busa, shi kuwa yana tsaye wuri ɗaya ƙasa na haɗiye shi kaɗan-kaɗan. Ƙaƙƙarfan saurayi yakan kai shekara bakwai kafin ta rufe masa hanci. Tsoho kuwa ko kwana arba'in ya yi, an yi masa kara.

Dokar kambin ba ta da tsawo. Ba a ɗora shi sai a kan wanda aka tambaya sau uku, ya ce da bakinsa ba shi da gajiya. Ba ya sauka kuma sai mai shi ya ce ya gaji, ko ƙasa ta shanye shi. To, aljanun Lulluɓe ba su san maganar fatar baki ba, abin da ka furta shi suke kamawa. Da suka zaga duniya neman wanda ba ya gajiya, sai suka iske wasu mutane waɗanda ko jan ƙafa suke yi, ko numfashi na sarƙe musu, in ka ce musu "Ina gajiya?" sai su ce maka "Ba gajiya." Kun dai san ko su wane ne, ba sai na kama suna ba. Tun daga ranar aljanu suka huta da yawon nema.

Haka abin ya rutsa da Nomau, wani ɗan dakon kanwa na ƙauyen Rafin Gora. Ya ba shekara sittin baya, tsakiyar kansa ta yi sanƙo ta yi kanta saboda kaya. Ya fita ran wata Laraba da buhu a ka, bai dawo ba.

Matarsa Kuluwa gajeriyar mace ce mai ƙashi, bakinta ba ya ajiye magana. Shekara arba'in da aurensu, kuma ba su da kowa sai junansu. Kwana talatin ta yi tana bin kasuwanni tana cigiya, har faso ya tsattsage mata dugadugai. Ran na talatin ɗin da hantsi ta iso gindin wata kuka a bakin hanya, inda 'yan dako ke yin loko, wato su jingine kaya su sha iska. Can ta hango gwafarsa, sandar nan mai baki biyu da yake tokare kaya da ita in zai huta. Tana kai hannu sai kogon kukar ya yi tari, wani tsohon aljani mai ido ɗaya ya leƙo.

Ya ce, "Aminci ya tabbata gare ki, ya 'yar Adam. Janye hannunki, sandar nan ajiya ce."

Kuluwa ta gaji ƙwarai, ba ta da sauran ƙarfin jin tsoro. Ta ce, "Ajiyar wa? Ta gidanmu ce. Ni na ɗaure mata fatar nan da ta tsage. Ina mai ita?"

Aljanin ya ce, "Ni ne Tsohon Kuka. Shekara talatin mijinki na loko a inuwata, bai taɓa tashi bai share wurin ba, don haka zan gaya miki. Kwana uku a jere manzon Lulluɓe yana zuwa nan cikin siffar bafatake, yana gaishe shi. Ran farko mijinki na haki, ya ce ba gajiya. Ran na biyu ƙafarsa na jini, ya ce ba gajiya. Ran na uku ko miƙewa ya kasa, ya ce ba gajiya. Yanzu shi ne sarkin Lulluɓe, ƙasa ta kai masa haƙarƙari."

Ya kwashe labarin kambin duka ya zayyana mata. Kuluwa ta dafe kai, ta ce, "Shi ne kam, ba wani ba. Wannan bawan Allah ko ana saka shi a kabari ka gaishe shi, haka zai ce maka."

Tsohon Kuka ya ce, "Saura masa kwana goma, hanyar kuwa ta kwana tara ce. Mashigarta cikin kogon nan nawa. Amma ki kula da bakinki. Masu tsaron hanya suna gaisuwa, kuma ana ƙirgawa."

Ta ce, "Ni? Ni da duk Rafin Gora aka sani da mita? Ai ni ba irinsa ba ce."

Ta ɗauki gwafar ta dogara, ta sunkuya ta shiga.

Kwana uku tana gangara matakala a cikin wani haske kore-kore da ba a san daga inda yake fitowa ba. Gwiwoyinta suka kumbura. A ƙarshe ta iso bakin wani kogi mai ruwa fari kamar nono, ba ya motsi. Kogin Gyangyaɗi ke nan, wanda ɗigonsa ɗaya ya taɓa sai barcin shekara ɗari. Ga mutane nan zube a gaɓa, wasu ciyawa ta tsiro a gemunsu, suna ta minshari hankali kwance. Wallahi sai da Kuluwa ta tsaya tana kallonsu da sha'awa. Ta miƙa yatsa ya kusa taɓa ruwan, sannan ta tuna da haƙarƙarin Nomau, ta janye.

Ruwan ya dare, wata tarwaɗa mai girman kwalekwale ta taso, gashin bakinta fari fat.

Ta ce, "Ni ce Sarauniyar Fito. Babu mai haye kogin nan sai a bayana, kuma a tsaye, don wanda ya zauna zai zame. Kina iyawa, ya 'yar ƙasa?"

Kuluwa ta ce, "Ranki ya daɗe, ko ban iya ba ai ba ni da wata hanyar."

Ta hau, ta kafa gwafa a tsakanin ƙafafunta. Bayan kifin santsi ne da shi kamar miyar kuɓewa. Yini guda suna tafe, idanunta na rufewa tana cizon leɓe tana buɗe su, har jini ya cika mata baki. Da suka isa wancan ƙetare ta diro tana layi, ta durƙusa tana godiya.

Tarwaɗa ta ce, "Barka da hayewa. Ina gajiya?"

Kuluwa ta ce, "Ba gajiya."

Can nesa a ƙarƙashin ƙasa wani tambari ya yi ƙara sau ɗaya, dum. Sai a nan ta ji abin da ta faɗa. Ta kai wa bakinta duka, ta ce, "Kai, wannan baki, Allah wadaranka!" Tarwaɗa dai tuni ta nutse abinta.

Daga nan ta faɗa Filin Tabarmi. Ko'ina ka duba inuwa ce mai sanyi, an shimfiɗa sababbin tabarmi, kowace da matashi da kwanon fura a gefe. Wanda ya zauna a kai ba ya ƙara tashi, sai kaba ta saƙe shi ya zama cikin tabarmar. In ka lura da zanen kowace za ka ga fuskar mutum. Kwana biyu Kuluwa tana ratsawa ba ta ko tsuguna ba, in ƙafa ta ƙi sai ta jingina haɓa a bakin gwafa ta lumshe ido, ta ƙirga goma, ta wuce.

A bakin filin ta tarar da wata dattijuwa zaune tana saƙa, yatsunta goma sha shida. Ita ce Uwar Tabarmi.

Ta ce, "Maraba da baƙuwa daga sama. Ina gajiya?"

Kuluwa ta ƙulle bakinta gam, ta girgiza kai. A ranta ta ce, yau kam an yi ƙarya.

Uwar Tabarmi ta yi murmushi, ta ce, "Madalla da mai hankali. To ai ba a wuce babba ba gaisuwa, ya 'yata. Kin tashi lafiya?"

"Lafiya lau."

"Ina mutanen gida?"

"Suna lafiya."

"Ina ruwa?"

"Ya yi gyara."

"Ina labari?"

"Sai alheri."

"Ina gajiya?"

"Ba gajiya."

Dum, dum! Tambari ya amsa sau biyu. Ku ji fa, mace mai wayo irin Kuluwa! Amma kada wanda ya yi mata dariya, don gaisuwa in ta ɗauko gangara harshe shi kaɗai yake tafiya, mai shi na baya. Ta tsaya ta dubi tsohuwar, hawayen takaici suka zubo mata. Ba ta da ƙarfin zagi ma, ta ja gwafarta ta yi gaba.

Ƙofa ta uku wani lungu ne mai tsawo tsakanin duwatsu biyu, ana ce masa Lungun Kaya. Mai tsaronsa ba shi da jiki, murya ce kawai mai fitowa daga bango.

Muryar ta ce, "Tsaya, ya 'yar Adam. Ni ba na gaisuwa, ba na tambaya. Duk abin da kika taɓa ɗauka a duniya zai dawo kanki, da shi za ki ratsa. In kin yar da ɗaya, nan za ki zauna."

Kuluwa ta kwance ɗankwalinta, ta naɗe shi ta yi gammo, ta ɗora a ka. Ta ce, "Bismillah. Ɗora."

Tulun ruwa ya fara sauka, na farkon da ta ɗauka tana yarinya. Wani ya hau kansa, wani ya hau kan wancan, tuluna na shekara hamsin. Sai damman itace, sai kwandunan gero, sai turmin da ta ɗauko daga gidansu ran da aka kawo ta. Wuyanta ya yi ƙara, amma ta san kan kaya, ta daidaita ƙugu, ta riƙa jefa ƙafa ɗaya bayan ɗaya. Kwana biyu tana haka. Har ta hango hasken bakin lungun, sai ta ji wani abu ya sauka a bayanta, ɗan ƙarami, mai zafi kamar garwashi, kansa ya kwanta a tsakanin kafaɗunta.

Ɗansu ne, na fari kuma na ƙarshe. Yana shekara biyu zazzaɓi ya kama shi, ta goya shi ta nufi gidan mai magani a wani ƙauye, tun a hanya ta ji zafin bayanta ya huce. Haka ta juyo da shi gida a goye. Da yake ɗan fari ne, kunya ba ta bar ta ta yi kuka a gaban mutane ba, ko sunansa ba ta taɓa kira ba. Duk tulunan nan ba su kai ta ƙasa ba, wannan ya kai ta. Da gwiwa ta ƙarasa lungun, hannu ɗaya na tallafe da goyon. Tana fita kaya suka watse kamar hayaƙi, goyon ma ya tafi, ta daɗe hannunta na baya.

Ran na tara da hantsi ta shiga Lulluɓe. Gidaje na gilashi, tituna na azurfa, ita dai ko kallo ba su ishe ta ba. Ta bi ƙarar algaita har tsakiyar birni. Ga aljanu dubbai cikin ado, sun yi da'ira, ga Matokara na walƙiya a tsakiya dab da ƙasa. Sai da ta matsa sannan ta ga akwai kai a ƙarƙashinsa. Ƙasa ta kai wa Nomau haɓa. Jijiyoyin goshinsa sun tashi ruɗu-ruɗu, idanunsa sun yi ja, leɓunansa sun bushe.

Wani dogon aljani mai alkyabba kore ya fito da sandar zinariya. Shi ne Magajin Gaisuwa, aikinsa ke nan kullum da hantsi. Ya rusuna a gaban kan, ya ɗaga murya.

"Ranka ya daɗe, ginshiƙin Lulluɓe, mai riƙe da saman bayinsa! Ina gajiya?"

Nomau ya motsa baki da ƙyar, ya ce, "Ba gajiya."

Aljanu suka ɗauki guɗa. Kuluwa ta ture na gabanta da gwafa, ta faɗa tsakiyar fili.

Ta ce, "Ƙarya yake yi! Ku ba ku da idanu ne? Ku dubi fuskarsa!"

Magajin Gaisuwa ya ce, "Wace ce wannan mai ƙaryata sarki? Mu ba ma karanta fuska, ya 'yar Adam. Kullum muna tambayarsa, don kada mu zalunce shi. Sarki casa'in da tara muka yi kafin shi, kowanne mun tambaye shi har ranarsa ta ƙarshe, babu wanda ya ce ya gaji. Da ɗaya ya faɗa, da mun sauke masa."

Ta ce, "Matarsa ce ni. A ba ni izini in yi magana da shi."

Ya ce, "An ba ki, har inuwar sandata ta dawo gindinta."

Ta juya kan Nomau. Ya ɗago ido ya gan ta, ya ce, "Ke, me ya kawo ki? Wa kika bar wa awaki?"

Ta ce, "Awaki! Maigida, ƙasa na cin ka kana zancen awaki? Kalma biyu ce. Ka ce ka gaji, mu tafi gida."

Ya ce, "Haba, a gaban mutane? Sun karrama ni, sun gaishe ni da mutunci. Namiji ya buɗe baki ya ce ya gaji, ai sai a ce raki. Ki koma, abin ba wani nauyi gare shi ba."

Nan Kuluwa ta sauke masa kwandon masifa. Ta kira shi mai taurin kai, ta kira shi wanda ya fi jakinsa gardama alhali ko jakin ba shi da shi, ta tono laifin shekara ashirin ta haɗa. Shi dai ya lumshe ido, don ya saba. Inuwar sanda na ta gajarta, ƙasa ta taɓa masa leɓen ƙasa. Sai muryarta ta ƙare. Ta zauna daɓas a gabansa, ta miƙe ƙafafu, ta ajiye gwafa a gefe. Rabonta da zama tun gindin kuka.

Ta ce a hankali, "To shi ke nan. Ni dai na gaji."

Ya buɗe ido.

Ta ce, "Na gaji da tulu, na gaji da itace. Na gaji da jiran ka a bakin ƙofa da tuwo yana hucewa. Jiya a hanyar nan aka sake goya mini yaron nan. Ka tuna ran da na dawo da shi? Kai ka karɓe shi daga bayana, kai ka kai shi makwancinsa a hannunka. Washegari da sassafe ka ɗauki buhun kanwa ka fita. Na bi ka da kallo, na ce wannan mutum dutse ne. Mutane suka yi ta zuwa gaisuwa, ina cewa ba komai, kana cewa ba komai. Tun ranar nake a gajiye, ban taɓa gaya wa kowa ba. Ba gaishe ka nake yi ba, Maigida, tambayarka nake. Kai fa?"

Nomau ya dube ta. Hawaye suka gangaro suka jiƙa ƙasar da ke bakinsa.

Ya ce, "Ba dutse ba ne. Na fita ne don in na zauna a gidan zan fashe da kuka a gabanki." Sannan ya ce, "Na gaji, Kuluwa. Wallahi na gaji. Tun kafin su kawo ni nan a gajiye nake."

Shekara arba'in bai taɓa kiran sunanta ba, sai "ke". Ranar ya kira.

Matokara ya yi wata ƙara kamar an buga tasa, ya tashi daga kansa ya tsaya a iska. Ƙasa ta saki, Nomau ya zaro hannu ɗaya. Amma sama ta fara kuka. Falalen dutsen nan ya yi gurnani, yashi ya fara zubowa, gidajen gilashi suka soma tsagewa, aljanu mata suka rungume 'ya'yansu suna ihu. Magajin Gaisuwa ya dubi sama, ya dubi Kuluwa da ta miƙe tsaye tana kallon dutsen. Ya san tambari ya buga mata sau biyu. Ya zo gabanta ya rusuna har ƙasa, ya tausasa murya kamar maƙwabcin da ya shigo barka da asuba.

"Sannu da hanya, uwargida, sannu da ƙoƙari. Ina gajiya?"

Kun ce ta koyi hankali ko? Hankalinta na kan dutsen da ke saukowa, ga mutum ya gaishe ta da ladabi. Baki ya buɗe da kansa.

"Ba ga..."

Nomau ya cafko idon sawunta da hannun nan ɗaya, ya fizga. Ta kife, bakinta ya cika da yashi.

Ya daka tsawa, "Ta gaji! Ni ne shaida! Shekara arba'in tana gajiya a gidana, ko sannu ban taɓa ce mata ba!"

Magajin Gaisuwa ya ce, "Ba kai aka tambaya ba, ya tsohon sarki."

Kuluwa ta ɗago, ta tofar da yashi, ta ce, "Na gaji, na gaji, na gaji. Ga uku nan, sai ka ƙirga."

Magajin Gaisuwa ya saki sandarsa ta faɗi. Ya ce, "To Lulluɓe ta ƙare. Ku gudu in kuna iyawa, mu nan ne gidanmu."

Dutsen ya sauko har ana jin iskarsa a ka. Nomau ya ja jiki ya fito daga ramin, ƙafafunsa ba sa ɗaukarsa. Ya dubi sama irin kallon da yake wa kaya kafin ya ɗauka, ya yi tsaki.

Ya ce, "Ku dai ba ku san dako ba. Wa ya gaya muku ana barin kaya a kan mutum har ya mutu? Ai loko ake yi. Ke, miƙo mini gwafar nan. Kawo gammonki."

Ya kafa gwafar a bakin ramin, ya danna ta da ƙirji, ya ɗora gammon Kuluwa a bakinta biyu. Ya ce wa Magajin Gaisuwa ya sauke kambin a kai.

Magajin ya ce, "Doka ba ta yarda ba. Sai wanda ya amsa da bakinsa sau uku."

Kuluwa ta ce, "To tambaye ta mana! Ba ga baki nan har biyu ba?"

Ba shi da zaɓi. Ya rusuna a gaban gwafar, ya ce, "Ranki ya daɗe, ina gajiya?"

Sandar nan shekara talatin tana hannun Nomau, babu gaisuwar da ba ta ji ba. Ta yi ƙara irin ta busasshen itace, ƙiiƙ, kowa ya ji ta ce, "Ba gajiya." Ya sake tambaya, ta sake faɗa. Ya tambaya na uku, ta faɗa. Tambari ya buga sau uku, Matokara ya sauko ya zauna a kan gammo daram. Gwafar ta lanƙwasa kaɗan, ta tsaya. Dutsen ma ya tsaya.

Kuluwa ta harari mijinta, ta ce, "Ka gani ko? Har sandar ka lalata."

Aljanu suka zube suna godiya. Suka kawo zinariya tuli, ta ce ita ba ta ƙara ɗaukar komai a ka, ko auduga ce. Abu ɗaya ta nema, suka kuwa rantse mata da abin da suke rantsuwa da shi: ba za su sake tare ɗan Adam da gaisuwa ba. Nomau ya nuna musu yadda za su sassaƙa wata gwafar su kafa a gefe, in wannan ta nutse a mayar kan waccan. Da za su tafi ya tsaya ya shafa fatar da aka ɗaure tsagar da ita.

Ya ce, "In babu ita, ba ni da sauran dako."

Kuluwa ta ce, "Da ma shi nake so."

Cikin ƙiftawar ido aljanu suka ajiye su a gindin kukar nan, rana tsaka. Tsohon Kuka ya leƙo da idonsa ɗaya, ya ƙirga su biyu, ya koma kogonsa. Rafin Gora ba nisa daga nan, amma babu wanda ya yi zancen tashi. Suka jingina da kukar, kafaɗa da kafaɗa, ƙafafu a miƙe, duk sun yi buɗu-buɗu da ƙasa.

Can sai ga wani mai tallan gishiri ya zo wucewa. Ya rage tafiya, ya ce, "Salamu alaikum, sannunku da hutawa, Baba. Ina gajiya?"

Bakin Nomau ya buɗe, ya rufe shi. Sannan ya ce, "Akwai ta, ɗana. Akwai ta da yawa."

Mai gishiri ya rasa abin da ake cewa bayan wannan, don ba a koya masa ba. Ya gyara kayansa ya ƙara sauri, yana waiwaye.

Nomau ya yi gyaran murya. Kalmar da ya riƙe shekara arba'in ta zo masa baki, ya juyo ya ce, "Sannu, Kuluwa."

Ba ta ji ba. Kanta ya riga ya faɗo kan kafaɗarsa, bakinta a buɗe, da sauran yashi a gefensa, tana barci. Kafaɗar nan ciwo take kamar za ta cire. Bai motsa ta ba har la'asar.